A Ci Iri ko a Aje Shi?

  

Yau ina so mu yi shawara bisa wata tambaya mai wuya. Zancen ya faru can nesa, gabashin ƙasarmu. Amma kowane mai rumbu ya san kansa.

Kowa ya san iri. In an gama girbi, maigida yakan zaɓi zangarnun hatsi masu kyau, ya ɗaure su dabam, ya aje su can ƙuryar rumbu. Mai albasa a kwarin Tarka ma haka yake yi, ba ya kai albasarsa kasuwa duka. In rani ya yi tsawo, rumbu ya sauka, yara suna kukan yunwa, damen iri yana nan. Hatsi ne kamar kowane hatsi. In an daka shi zai yi fura. Amma mai hankali yakan daure. Ya san wanda ya ci irinsa ya ƙoshi kwana uku, ya sayi yunwar shekara.

Duk da haka, tsofaffinmu sun ga shekarun da mutane sunka ci iri, kamar farin 1973 da na 1984. Ba wauta ta sa su ba. Wahala ce ta kai iyaka. Ba mai zarginsu.

To, ga tambayar. Ƙasa ma tana da nata iri? In tana da shi, wa ke da ikon cewa a ci shi?

Ina ne Tarmit?

In ka wuce Maradi, ka kai Damagaram, ka nufi arewa maso gabas wajen Taskar, za ka tarad da wasu baƙaƙen duwatsu tsakiyar rairayi. Sunansu Tarmit. Gabas da su akwai tudun yashi mai faɗi, ana ce mashi Tin Tumma. Ba a noma can. Tubawa da Buzaye da Larabawa da Fulani ke yawo da raƙumansu da awakinsu daga rijiya zuwa rijiya.

Wurin yana da namun daji waɗanda sunka ƙare a sauran wurare. Akwai barewa iri-iri, da ragon dutse, da tuje, da yanyawa, da manyan kunkurai. Akwai kuma wata farar dabba da ta fi barewa girma, ƙahonta dogo ne a murɗe. Nasaru suna ce mata adaks. Tana iya yin watanni ba ta sha ruwa ba, ɗanyen haki da raɓa sun ishe ta. A da tana ko'ina cikin hamada, tun daga Muritaniya har Masar. Mafarauta sunka bi ta da bindiga da mota har ta ƙare kusan ko'ina. Garke mafi girma da ya rage a daji a lokacin, a Tarmit da Tin Tumma yake.

Don haka ranar 6 ga watan Maris na 2012 gwamnati ta mai da wurin gandun daji. Faɗinsa murabba'in kilomita 97,000, wato ya kusa faɗin jihar Tawa baki ɗaya. An hana farauta cikinsa. Makiyaya kuwa anka bar su da kiwonsu.

Yadda fetur ya shigo zancen

Amma ƙarƙashin wannan yashi akwai wani arziki. Man fetur ne, a yankin da ake ce ma Agadem. Tun 2008, wato shekara huɗu kafin a kafa gandun, gwamnati ta sa hannu da wani babban kamfani na ƙasar Sin mai suna CNPC don ya haƙo man. A 2011 anka buɗe matatar mai kusa da Damagaram, mai tace ganga 20,000 kowace rana. Da anka zana iyakar gandun, sai ta hau bisa wani sashe na filin fetur. Alkawali biyu sunka haɗu bisa ƙasa ɗaya.

Kafin aikin fetur ya kankama, ana ƙiyasta adaks wajen 200 a yankin. A 2016 masana sunka bi wurin ta sama da ta ƙasa suna ƙidaya. Uku kaɗai sunka gani. Babbar ƙungiyar duniya mai lura da halittu, IUCN, ta ce motoci da injuna na aikin fetur sun watsa garken. Ta ce kuma ana farautarsu da bindiga, har da hannun wasu sojoji masu rakiyar ma'aikatan.

Cikin watan Yuni na 2019 majalisar ministoci ta sake zana iyaka. Ta fitar da filin fetur daga cikin gandun, wajen rabin gandun ke nan. Ta ƙara mashi wani fili ta yamma don faɗin ya zauna kamar da. Sai dai wurin da anka fitar, nan ne mazaunin adaks. Kamar a karɓe maka fadama ne, a ba ka fako mai faɗi ɗaya da ita, a ce ba ka yi asara ba.

Waɗanda sunka ce a'a

Mutane ba su yi shiru ba. Wata ƙungiyar samari da ƴan mata ta ƙasarmu mai sa-kai don kare muhalli, wadda ake ce ma JVE, ta rubuta takardar koke. Ta roƙi gwamnati ta janye shawarar. Dubban mutane, na gida da na waje, sunka sa hannu. Wata ƙungiyar Faransa mai suna Noé, wadda gwamnati ta ba riƙon gandun a 2018, ita ma ta yi magana. Masana sunka zo Yamai, anka yi ta zama.

Ba su ɗauki sanda ba, ba su ƙona komi ba. Alƙalami da baki sunka yi aiki da su. A farkon 2021 gwamnati ta sake duba iyakar, wani sashe na wurin da anka fitar ya koma cikin gandun. Faɗinsa ya tsaya wajen murabba'in kilomita 86,000. Ba duka sunka samu ba. Aikin fetur kuma bai tsaya ba. An shimfiɗa bututu mai tsawon kusan kilomita 2,000, ya ratsa har jiharmu ta Tawa, ya kai bakin teku a ƙasar Benin. A 2024 jirgin ruwa na farko ya yi lodin man Nijar.

Wannan shi ne labarin. Yanzu sai mu auna shi.

Mai son fetur yana da hujja

Kada mu yi saurin yanke hukunci. Alƙali na ƙwarai sai ya ji ta bakin kowa.

Mai son fetur zai ce maka: "Ƙasarmu tana cikin matalautan ƙasashen duniya. Akwai ƙauyukan da ba su da rijiya, ba lakkol, ba gidan likita. Mace mai naƙuda ana ɗaukarta bisa amalanke. Za ka ce ma wannan mata ta yi haƙuri don wata dabba da ba ta taɓa gani ba?" Zai ƙara da cewa: "Injin da ke ba albasarka ruwa, mi yake sha? Motar da ke kai ta Abijan fa? Iskar gas ta girki da matatar ke fitarwa, ba ita ke rage saran icce ba?" Zai ce kuma: "Ƙasashen Nasaru sun sare dazuzzukansu, sun haƙe ƙasarsu, sun yi arziki. Sai da sunka ƙoshi za su ce mana mu kame baki?"

Wannan magana ba ta banza ba ce. Mai ƙoshi bai kamata ya yi ma mai yunwa wa'azin haƙuri ba. In duniya tana son a tsare Tarmit, to ta ɗauki nata kashi na nauyin, kada a bar ma talakan Nijar shi kaɗai. Ni ban ce a bar fetur cikin ƙasa ba. Amma akwai abin da mai wannan hujja ya tsallake. Mu mutanen Adar mun fi kowa saninsa.

Abin da Keita da Majiya sunka koya mana

Ku tambayi tsofaffin Keita yadda ƙasarsu take a da. Tuddai suna da itace, kwari yana da inuwa. Fari ya zo, gatari ya bi, mutane da bisashe sunka yi yawa. Kafin 1984 tuddai sun zama fako. Ruwan sama in ya sauka ba ya shiga ƙasa, sai ya kwararo da ƙarfi, ya yanke gonaki, ya tafi da su.

A 1984 anka fara babban aikin raya Keita, da taimakon ƙasar Italiya da hukumar abinci da noma ta duniya, FAO. Maza da yawa sun tafi bida, don haka mata ne sunka ɗauki mafi yawan aikin. Sun fasa dutse, sun ɗauko shi bisa kai. Sun gina ramuka bisa tuddai cikin rana, ana biyansu da abinci, abin nan da ake ce ma gina-ka-ci. Cikin shekara wajen 20 an dasa itatuwa kusan miliyan 18. An rayar da ƙasa fiye da hekta 30,000.

A kwarin Majiya ma, iska ce ke binne shuka da rairayi. A 1975 ma'aikatan gandun daji na Buza da ƙungiyar CARE da mutanen ƙauyuka sunka fara dasa dogon yaro layi-layi, ana barin mita 100 tsakanin shinge da shinge. Anka yi ta ban-ruwa, anka sa masu tsaro don awaki. Sai bayan shekaru itatuwan sunka tare iska, amfanin gona ya ƙaru.

Darasi na farko ke nan. Ɓarna tana da sauri, gyara yana da tsada. Iccen da gatari ya kayar kafin a sha furar hantsi, sai an yi shekara ashirin ana jiran madadinsa. Kuma wanda ya sare ba shi ne ya ɗauki dutsen ba. Ɗiyansa da jikokinsa ne sunka biya.

Ga darasi na biyu, shi ya fi nauyi. Mi ya sa gyaran ya yiwu? Don iri bai ƙare ba. Ku dubi sassaben zamani, wanda ya yaɗu daga jihar Maradi tun shekarun 1980. Manomi yana barin tohon kututture, ya rage rassa, ya bar biyu ko uku su girma. Ta haka gonaki wajen hekta miliyan 5 sunka sake samun itace a ƙasarmu. Ba wanda ya halicci icce ko ɗaya. Saiwar tana nan da rai ƙarƙashin ƙasa, tana jira. Da saiwar ta mutu, da ba abin da za a sassabe.

Abin da ba ya dawowa

Dabba ma haka take. A 1996 raƙuman dawa 49 kaɗai sunka rage a ƙasarmu, wajen Kure kusa da Yamai. Su ne na ƙarshe a duk yammacin Afirka. Anka tsare su, mutanen wurin sunka haƙura da ɓarnar da suke yi ma wake. Cikin shekara ashirin da ƴan kai sun haura 600. A 2018 har anka ɗauki takwas cikin mota anka kai su gandun Gadabeji, arewa da Dakoro, inda sunka ɓace shekaru da yawa. Waɗannan 49 su ne damen iri.

Wani zai ce: "Ai akwai adaks a gidajen kallon namun daji na Turai da Amurka. In ta ƙare nan, sai a kawo wata." Gaskiya ne akwai su. An ma yi haka da mariri. A shekara ta 2000 masana sunka ce ba sauran mariri ko ɗaya a daji. Daga 2016 anka fara ɗauko su cikin jirgin sama daga ƙasar Larabawa ta Abu Dabi, ana sakinsu a Cadi. Sun hayayyafa. Amma ku lura da abu guda. An samu inda za a sake su ne don Cadi tana da gandu mai faɗi da ta keɓe tun 1969. Iri ba ya tsira cikin tulu, sai da gona. In an raba mazaunin dabba, an cika shi da hanyoyi da injuna da bindigogi, ko an kawo ta ina za a sa ta?

Nan ne bambancin yake. Fetur abinci ne. Rijiyar fetur ba kamar rijiyar ruwa take ba, damana ba ta cika ta. Kowace ganga da anka ɗebo ta tafi ke nan, wata rana rijiyar za ta ƙafe. Daji mai rai kuwa iri ne. In an bar shi, kowace shekara yana haihuwa. A ci abinci, wannan halal ne. Amma kada a biya kuɗin abincin da iri.

Wa zai yi magana don marasa baki?

Ran da anka zauna zana iyakar Tarmit, kamfani yana da wakili, gwamnati tana da wakili. Akwai biyu da ba su da kujera. Na farko dabbobin, don ba su da baki. Na biyu jikokinmu, don ba a haife su ba tukuna.

Mu a al'adarmu mun san hukuncin wannan. In mutum ya rasu ya bar ƙananan yara, ƙanensa yakan riƙe gonar. Yana da ikon ya noma ta, ya ci, ya ciyar da su. Ba shi da ikon ya sayar. In ya sayar, ko da yaran ba su san komi ba, gari duka ya san ya ci amana. Kuma in wani dattijo ya tashi ya ce mashi: "Wane, wannan gonar marayu ce," ba mu cewa dattijon ya yi shisshigi. Muna cewa ya fita hakkin zumunta.

Ni haka nake ganin samarin nan da sunka rubuta koke. Ba ƙin arzikin ƙasa suke ba. Sun zauna kujerar waɗanda ba su nan ne. Mu masu rai yau riƙo muke yi. Mun tarad da dajin, za mu tafi mu bar shi. Muna da ikon ci daga cikinsa, ba mu da ikon ƙarar da shi.

Akwai wani abu kuma. Kun san yadda doka take da talaka. In mace ta sare reshen gawo, ma'aikacin gandun daji yana iya cinta tara. To, in doka ta kama mai gatari, amma ta matsa gefe don mai babban inji ya wuce, wa zai ƙara girmama ta? Makiyayin Tarmit da anka ce ma kada ya harbi barewa, yana kallo. Doka kamar mudu take. In mudun saye ya bambanta da na sayarwa, kasuwa ta ɓaci.

Mu fa, ina namu iri?

Tarmit tana da nisa, da yawa cikinmu ba za su taɓa ganinta ba. Amma kowane gari yana da tasa Tarmit. Akwai makiyayar gari. Akwai burtali. Akwai tabki, da kurmin bakin fadama, da shingen dogon yaro da iyayenmu sunka dasa. Waɗannan ba na mutum ɗaya ba ne, shi ya sa suke da sauƙin ci. Bana wannan ya ƙara kunya biyu cikin burtali, baɗi maƙwabcinsa ya ƙara uku. Kowa yana da hujja, kuma hujjar gaskiya ce: iyali sun yi yawa, gona ta gaji. Ran da burtali ya toshe, shanu sunka shiga gona, sai a ji an zub da jini.

Wata rana kuma baƙo zai zo da mota da takarda. Zai ce yana son filin gari don wani aiki mai amfani. Wataƙila aikin na alheri ne. Kada ku kore shi, kada kuma ku dangwala hannu da sauri. Ku tambaye shi: in an gama aikin nan, filin zai koma yadda yake? Wa zai ci riba, wa zai ɗauki asara? An tambayi mata masu itace? An tambayi makiyaya, waɗanda watakila suna arewa lokacin? Dokar karkara ta 1993 ta tanadi kwamitocin kula da filaye. Ku kai zancen gabansu da gaban maigari, a rubuta iyaka, a aje takarda.

Nan ne karatunku zai yi rana. Samarin da sunka tsaya ma Tarmit sun iya karanta takardar gwamnati, sun gane abin da ta ƙunsa, sun mai da amsa a rubuce. Wanda bai iya karatu ba, sai bayan an kafa turaku yake jin labari. Ku da kunka koyi baƙi da wasali, ku karanta ma gari kafin kowa ya sa hannu.

Yunwa gaskiya ce, ba mai musun ta. Amma kafin gari ko gwamnati ta taɓa abin da ba ya dawowa, sai ta tabbata ta duba ko'ina ba wata hanya. A Tarmit, da mutane sunka yi magana, an koma an duba, kuma an samu abin da za a maido.

Tambayoyi don tattaunawa cikin aji

1. Waɗanne namun daji da itatuwa ne tsofaffin garinku sunka sani, waɗanda babu su yanzu? Ku rubuta sunayensu.

2. Wane wuri ne a garinku yake na kowa da kowa? Wa ke tsaronsa? Iyakarsa tana rubuce?

3. In mai iyali da yawa ya shiga burtali da noma don gonarsa ba ta isarsa, yaya ya kamata gari ya yi da shi?

Ku tattauna, ku ba malaminku amsoshinku ya aiko mana. Mai ra'ayi dabam da nawa ma ya rubuto, za mu so mu ji hujjarsa. 

Daga malamin yaƙi da jahilci, Madawa